Ka Ce Mu Dawo Litinin

Daga Allah muke, kuma gare Shi za mu koma. Ranar Asabar, sha huɗu ga wata, da hantsi, 'yarka ta kira ni ta ce Baba Mai Sulhu ya cika. Na yi salati. Sannan, Allah Ya yafe mini, abin da ya fara faɗo mini a rai shi ne Litinin.

Shekara tara ina kawo maka rigingimun kwangila da kotu ta gaji da su. Ni lauya ce, an koya mini cewa abin da ba a rubuta ba bai faru ba. Kai kuwa ofishinka benci ɗaya ne da ɗan teburinka da fanka mai ƙara. Masu rigima dole su zauna kafaɗa da kafaɗa, don ka ce da wuya mutum ya zagi wanda yake jin numfashinsa. Kuma ba ka yarda a rubuta komai ranar da aka daidaita, sai an koma gida zuciya ta huce. Na sha ce maka ganganci ne. Sai ka ce, "'Yata, ke takarda kike tsaro, ni mutane."

Ranar Alhamis, kwana biyu kafin rasuwarka, na kawo maka kafintan da nake karewa da Hajiya mai makaranta. Tebura ɗari biyu ya yi mata bisa awon da ke cikin yarjejeniya, suka yi wa ɗalibanta gajarta. Ita ta ce ai yana da ido, shi ya ce ai ta sa hannu. Shekara biyu injinansa na kulle bisa umarnin kotu. Ka sa aka kawo tebur ɗaya, ka ce Hajiya ta gwada zama. Gwiwarta ta ƙi shiga. Ta fashe da dariya, kafinta ya taya ta, nan take aka shirya: zai ƙara wa teburan ƙafa, ita ta janye ƙara. Na zaro biro. Ka ce, "Mayar da shi. Litinin."

Litinin sun zo, bayan sun yi wa iyalinka gaisuwa. Kowa ya zauna a nasa ƙarshen bencin. Hajiya ta ce sababbin tebura aka yi alkawari. Kafinta ya rantse ƙafafu kawai aka ce. Na faɗi abin da kunnena ya ji, ta ce, "Ke ai lauyarsa ce." Gaskiyarta. Na buɗe aljihun teburinka: tasbaha da maganin hawan jini. Ba ko layi ɗaya.

Ka gani, Baba, ni ce da gaskiya. Ban taɓa cin gardamar da ta ƙona mini rai kamar wannan ba. Kotu ta ba mu rana nan da wata bakwai. Kafinta ya tambaye ni me iyalinsa za su ci kafin nan. Ba a koya mana amsar wannan a jami'a ba.

Teburin nan da ka sa aka kawo yana ofishinka har yanzu, babu wanda ya yarda nasa ne balle ya ɗauka.

Allah Ya jiƙan ka, Ya yafe maka, Ya sa duk zukatan da ka sasanta su zame maka haske a kabari. Mama, 'ya'ya da jikoki, Allah Ya ba ku haƙurin rashi. Mu da ka bari a kan benci, Allah Ya dube mu.