Faɗuwar Baba Ɗan Denmak

Lokacin da nake aikin nas a wani asibiti a Doha, an taɓa kawo mana wani tsohon Bature ɗan ƙasar Denmak. Ya zo ganin 'yarsa da ke aiki a garin, sai shanyewar ɓarin jiki ta same shi. 'Yar ta ja ni gefe ta ce mahaifinta babban ɗan wasan barkwanci ne na fim da talabijin, a ƙasarsu ko burodi ya fita saye sai an tare shi. Na ce madalla. A wurinmu dai sunansa gado na huɗu.

Ciwon bai dame shi kamar tambaya ɗaya ba: har yanzu zai iya sa mutum dariya? Tun yana saurayi da faɗuwa yake cin abinci. Ya nuna mana a waya, ga shi ya faɗo daga tsani, ga shi ya faɗo daga keke, ga shi ya zauna inda babu kujera. Ni da abokiyar aikina, 'yar Jos da muke gida ɗaya a unguwar Mu'aither, muka riƙe baki.

"Wayyo, sannu Baba!" in ji ta.

Ni kuwa na tambaye shi ko ƙugun ya warke. A gidanmu in babba ya faɗi, kau da kai ake yi a ce ƙasa ce ke da santsi. Wa ya isa ya buɗe haƙori?

Da ya fara takawa, sai ya ce bari ya gwada mu ido da ido. Ya yi kamar ya harɗe da sandarsa, ya sulale ƙasa a hankali, ya ɗago yana jiran tafi. Na danna ƙararrawa. Kafin ya yi bayani an taru a kansa, an ɗaura masa rawayen abin hannu na masu yawan faɗuwa, an ɗaga ƙarafunan gado. Shugabarmu ta ce, "Khalas, shi ke nan, ba zai ƙara tashi shi kaɗai ba." Har taro aka kira a kan yadda za a hana shi sana'arsa.

Daga nan Baba ya karaya. Ya ƙi abinci, ya ƙi motsa jiki. 'Yarsa ta same mu da hawaye.

"Sista, dariya ɗaya kawai nake roƙo."

Tausayi ya kama ni ƙwarai. Kwana uku ni da abokiyata muna koyon dariya a bas ɗin komawa gida, har direba ya fara leƙenmu ta madubi.

Wata safiya ina rako shi daga banɗaki, sai ga shi a ƙasa, tim! Na ƙyafta wa abokiyata ido, muka saki dariya har da tafi da buga cinya. Baba bai tashi ba. Ashe ruwa ya taka, wuyan hannunsa ya karye. Kunya ta sa na ji kamar in nutse.

Muna ɗaga shi, fuskarsa duk hawaye, ya damƙe rigata da hannun mai lafiya.

"Da gaske ya yi kyau?"

"Ya yi kyau, Baba."

Ranar ya cinye abincinsa tas, har ya nemi ƙari. Ni kuma aka ba ni takardar gargaɗi, kuma har yau ban ji haushinta ba.