Sambusar Marasa Lafiya

Da ɓarin jikin Ummi na dama ya shanye, abinci ne ya fara fita daga ranta. Ranar da za mu dawo da ita gida daga asibiti, unguwarmu Ruwais ta Jidda, likita ya ce idan ta ci gaba da ƙin ci, sai an zura mata roba ta hanci. Ummi ta ji shi sarai. Bakinta ya karkace, magana ba ta fita da kyau, amma hararar nan tata ba ta shanye ba, kuma ta watsa masa ita.

Babu abin da ban gwada ba. Kunu, farfesun kaza, shinkafa da madara, da na kai cokali bakinta sai ta kau da kai. Ni kuwa ba ni da dogon haƙuri, a wajenta na gada. Wata rana na dire kwano na ce, "Ummi, to me kike so? Wallahi ko a Makka yake zan sa a kawo."

Ta daɗe tana motsa leɓe, sannan ta ce, "Kinish."

Ummi haihuwar Jidda ce, jikar alhazan da suka zo ba su koma ba. Tana budurwa ta yi aikin girki a gidan wani likita Bature, kuma matarsa ce ta koya mata wannan abincin: dankalin turawa da albasa a naɗe cikin kwaɓin fulawa, a gasa. Matar ta gaya mata ƙasa-ƙasa cewa abincin kakarta ne, Bayahudiya, ta roƙe ta kada maganar ta fita. Ummi ta ce matar kan yi kuka idan tana yanka albasar, kukan da ya fi ƙarfin albasa, ita kuma tausayinta ya kama ta. Muna yara takan yi mana shi jefi-jefi, mu kuwa muka sa masa suna sambusar marasa lafiya, tunda ba nama, ba attaruhu, ko soya shi ba a yi. Ban taɓa tsayawa na koya ba.

Na shiga kicin da ƙarfin gwiwa. Na dafa dankali na murƙushe, na soya albasa sama-sama, hannuna ya ƙi yarda sai da na jefa attaruhu. Na yanka kwaɓin da wuƙa, na ninke, na tsoma a mai. Ummi ta shinshina, ta ture farantin ta ce, "Haram alaiki." Na koma kicin na yi kuka mai isata, rabi haushi, rabi tsoron robar nan.

Washegari na turo kekenta har bakin tebur na ce, "Yalla, Ummi, ga ni ga ki. Ki nuna mini."

Da hannun hagu ta yi mulkinta. Ta ƙwanƙwasa tebur na rage wuta, albasa ta yi ta dahuwa a hankali har ta yi launin dabino. Ta kaɗe attaruhu ƙasa, gishiri da masoro kawai ta yarda. Kwaɓin ya sha mai da ruwan ɗumi, ya huta, na murza shi da kwalba har ina ganin furannin ledar tebur ta cikinsa. Na jera dankalin a gefe, na naɗe kamar tabarma, na ɗauki wuƙa.

Ta damƙe wuyan hannuna. Ta jawo naɗin gabanta, ta sa gefen tafinta tana gogawa gaba da baya har ya rabu, bakin kuma ya manne da kansa. Ta tsayar da guntun, ta danna tsakiyarsa da babban yatsa. Ya fito a karkace, amma tun da ta kwanta hannunta bai yi wani aiki ba sai ranar. Na shafa ƙwai na gasa, ƙamshi ya cika gida.

Na gutsuro zan ba ta a baki, ta harare ni. Ta daɗe tana kallon hannunta na hagu a kan cinya. A nan na gane abin da ya hana ta ci: matar da ta sha buge mana hagu a bakin kwano ba za ta iya cin abinci da ita ba, ciyarwa da cokali kuma kunya take ba ta. Zuciyata ta karye.

Na ce, "Ummi, Allah ya san lalurarki. Da hannun nan kika yi, ki ci da shi."

Ta yi bisimilla ta ɗauka. Ta cinye, ta ce, "Gishiri ƙalil," wato ya yi kaɗan, ta miƙa hannu ga na biyu. Ba a taɓa sa mata robar ba har Allah ya karɓi abinsa.

Har yau nakan yi kinish, kuma da gefen hannun hagu nake yanka shi, alhali ni ba bahaguwa ba ce. 'Yata ta taɓa cewa, "Mama, aib, hagu a abinci?" Na ce mata da wannan hannun aka koya mini, ban san yadda ake yi da ɗayan ba.