Orvokki, Mai Sanin Littafin da Za a Fara da Shi

Kafin gari ya waye Orvokki Hyttinen ta riga ta isa garejin laburare. A lokacin sanyi takan fara da kankare ƙanƙarar da ta daskare a gilashin mota, ta tayar da inji ya yi ɗumi, sannan ta shiga ciki ta bi kantocin littattafai da hannu tana miƙar da waɗanda gargadar hanyar jiya ta karkatar. Ta ajiye flas ɗin kofi da baƙin burodinta a gefen sitiyari. Daga nan sai ta tsaya gaban kantar da ke can baya kusa da hita, inda littattafan kwamfuta suke, tana tunanin ƙauyukan da za ta bi yau da mutanen da ke jiran ta. Ta zare wannan, ta mayar da wancan, wani lokaci ta koma cikin laburare ta ɗauko wani dabam. Sai ta gamsu take jan mota.

Haka ta yi fiye da shekara talatin tana zagaya ƙauyukanmu na gabashin Finland da motar littattafai, kuma a watan jiya ta miƙa makulli. Yara suna kiran ta Gwaggon Littafi. Mu manya Orvokki muke ce mata kawai, don ba ta son a yi wa sunanta ado. Ni sunana Raimo Kettunen, ina cikin waɗanda ta ɗora a kan hanya, kuma yabon gwani ya zama dole.

Shekarar da aka rufe masana'antar takarda ta garinmu na haura shekara arba'in da biyar. Tun ina saurayi nake tsaye gaban inji ɗaya, ban iya komai ba sai shi. Hanya biyu ce ta rage mini. Ko in tafi kudu neman aiki, ko in shiga kwas ɗin rubuta manhajar kwamfuta da kwalejin fasaha ta buɗe wa irinmu, wanda gurabensa kaɗan ne kuma sai an ci jarrabawar shiga. Matata Marjatta ta faɗa mini gaskiya tun farko, ba za ta bar mahaifiyarta da ke kwance ba. Idan na tafi kudu, ni kaɗai zan tafi.

Wata Laraba motar ta tsaya gaban kantin ƙauyenmu, na hau tare da abokina Jouko, wanda shi ma aka sallama, ma'aikacin lantarki ne mai bakin tsiya.

Na ce, "Orvokki, ba ni littafin kwamfuta. Wanda ya fi kowanne girma."

Ta ce, "Ina da shi. Yana da kyau wajen tare ƙofa. Gaya mini, a wurin aikinka, idan takarda ta tsinke a inji, me kake fara dubawa?"

Na yi mamakin tambayar, amma na amsa. Idan jar fitila ta kama kuma ƙarfin tururi ya sauka, matsalar tana wajen busarwa. Idan tururi yana daidai, sai in duba wajen naɗi. Idan duka biyun lafiya, to wani ne ya taɓa abin da ba nasa ba, kuma galibi Jouko ne.

Ta ce, "To ai ka riga ka fara." Ta miƙo mini wani ɗan siririn littafi na mandiƙi, wato ilimin kafa hujja.

Jouko ya leƙa ya tuntsire da dariya. "Kai, an ba ka na 'yan firamare! Orvokki, haɗa masa da fensir mai launi. Kuma ma duk wannan wahalar ta mece ce, komai fa yana intanet."

Ta ce, "Komai yana can, shi ya sa mai farawa yake ɓacewa. Hanyar gida ma ai tana cikin daji, sai wanda ya san ta."

Bayan mako guda na dawo raina a ɓace, na dangwara littafin a kan teburinta. Na ce, "Babu kwamfuta ko ɗaya a ciki! Ji wannan: idan an hura wutar sauna, ɗakin wankan tururi, hayaƙi zai fita. Hayaƙi yana fita. Shin an hura sauna? Ni da nake neman abin da zan ci, wannan za ki ba ni?"

Ta ce, "To an hura ɗin?"

"Sosai mana."

"Ko kuma gidanka ne yake ci da wuta."

Wata tsohuwa da ke zaɓen littattafan saƙa ta yi dariya har da tari. Orvokki ta turo mini littafin da yatsa ɗaya, ta ce, "Kwamfuta ba ta da hankalin da za ta gane abin da kake nufi, Raimo. Abin da ka faɗa kawai take yi. Ka fara koyon faɗin abu daidai, sannan ka je wurinta." Na ɗauki littafina na sauka.

Tsarinta ke nan, kuma duk wanda ya bi ta hannunta ya san shi. Ɗan siririn nan shi ne farko. Bayansa sai mai koren bango, wanda yake koyar da harshen kwamfuta guda ɗaya tak, a hankali, kowane babi da aikin gwaji. Takan ce mai farawa ya riƙe harshe ɗaya har ya iya rigima da shi kafin ya leƙa wani. Na uku shi ne wanda muke kira Bulo, ƙaton littafi kan dabarun warware matsala daki-daki: yadda ake jera abubuwa, yadda ake nemo abu ɗaya cikin dubbai, da yadda ake gane hanyar da za ta cinye lokaci tun kafin a bi ta. Ba ta ba mutum littafi biyu a lokaci ɗaya. Idan ka dawo da littafi ba ka yi tambayoyin ƙarshen babi ba, sai ta ce, "Wannan ba karatu ka yi ba, kallo ka yi," ta sake buga masa hatimin aro ta mayar maka.

Orvokki ba ta taɓa cewa ita gwanar kwamfuta ba ce. Iliminta daga bakin mutane ta tara shi. Duk wanda ya dawo da littafi sai ta tambaye shi, "A ina ka tsaya? Me ya tsayar da kai?" Da haka ta san littafin da yake gudu ya bar mai karatu a baya, da wanda yake zuba surutu, da wanda aka rubuta don burge malamai. Sabon littafi kuwa ba ya hawa kantarta sai ta zauna ta yi babobin farko da kanta. Wanda zamani ya wuce shi takan sauke shi ko da tana son sa, sai dai na mandiƙi, wanda ta ce ba ya tsufa.

Ta taɓa kuskure, kuma a gabana ta gyara shi. Da Jouko ya ga na dage, shi ma ya nemi littafi. Ta ɗauka mai aikin lantarki zai iya tsallake na farko, sai ta ba shi mai koren bango. Ya yi sati biyu ya watsar, ya daina zuwa mota gaba ɗaya, ya koma zaman gida da kwalbar giya. Wata ranar Laraba ta karkata da motar har ƙofar gidansa, ta danna ham. Ya fito da rigar barci, ido jajur.

Ya ce, "Idan littafinki kika zo karɓa, yana ƙarƙashin ƙafar tebur."

Ta ce, "Bar shi can, ya sami aikin yi. Ni ce na yi zaɓen banza, Jouko, ba kanka ne ya kasa ba. Wancan surutu gare shi, kai kuma da hannu kake tunani." Ta miƙa masa wani da ta aro daga laburaren jami'a, wanda yake koyar da haɗa wayoyi a ɗan ƙaramin allon lantarki sannan a rubuta masa umarni. Kafin ƙanƙara ta narke Jouko ya haɗa abin da yake kunna masa sauna daga cikin gado, yana ta cika mana baki. Yau shi ne yake kula da na'urorin ɗumama makarantun gundumarmu.

Ke ce kika je har ƙofar gidan nan, Orvokki, alhali babu wanda ya sa ki, kuma babu wanda zai tuhume ki da kin wuce. Mutum ya faɗi kin tsaya kin ɗaga shi, kika kuma ɗauki laifin kika ɗora wa kanki don kada kunya ta hana shi tashi.

Da lokacin Bulo ya zo mini, sai aka tarar kwafi ɗaya ne a motar, kuma yana hannun Sirkka Pennanen, wata mai kiwon shanun tatsa a ƙauyen gaba. Injin tatsarta yana tara bayanai kan kowace saniya, ita kuma tana son rubuta manhajar da za ta nuna mata wadda ciwo ke shirin kamawa tun kafin nono ya lalace. Jarrabawata ta matso, ita ma shanunta ba za su jira ba. Na ce wa Orvokki ta karɓo mini.

Ta ce, "Ba na ƙwace littafi daga hannun mai karatu. Amma littafin yana da faɗi, mutum biyu za su iya leƙa shi."

Bayan ta gama da mu a tasharmu ta gaban kanti ne lokacin cin abincinta na rana, lokacin da ya kamata ta rufe mota ta huta. Daga wannan makon ta daina rufewa. Takan bar hita a kunne, ta zauna a kujerar direba tana cin burodinta, ni da Sirkka muna baya mun sa Bulo a tsakiya muna musu. Sirkka ba ta da haƙuri da ni ko kaɗan.

Takan ce, "Raimo, saniyata Mansikki ta fi ka saurin ganewa, kuma ita tana ba da nono."

Idan muka cije a wuri ɗaya muka juyo wurin Orvokki, ba ta yi mana ƙaryar sani. Sai ta ce, "Wannan ya fi ƙarfina." Ranar Juma'a, da yake hanyarta tana bi ta babban gari, takan tsaya wurin wani malamin kwalejin ta kai masa tambayarmu, ta dawo mana da bayaninsa. Duk tsawon sanyin nan haka ta yi, ba ta huta da rana ba ko sau ɗaya.

Jarrabawar ta zo lokacin da ƙanƙarar tafkin ƙauyenmu ta fara tsagewa. Na shiga ɗaki cike da mutanen da na girme wa nesa ba kusa ba. Da na buɗe takarda sai na ga kusan rabin tambayoyin na kafa hujja ne: idan kaza, to kaza, wanne ne dole, wanne ne zato. Na ji zuciyata ta kwanta. Saura kuma na bi su a hankali kamar yadda muke yi a bayan mota, ina jin muryar Sirkka tana zagina a kunne.

Ranar da sakamako ya fito, Marjatta ce ta fara gani. Ta zauna a kan matakalar ƙofa ta rufe fuska da hannu biyu, ta daɗe a haka. Sannan ta tashi ta tafi gaya wa mahaifiyarta cewa babu inda za mu. Da Laraba ta zo na hau mota da gudu na faɗa wa Orvokki. Ta dube ni ta saman tabarau, ta ce, "Madalla. Ku dawo mini da Bulo, akwai mai jira." Amma na ga kunnuwanta sun yi ja.

Yau ina rubuta manhajar da ke tsara zirga-zirgar motocin dakon katako, daga ɗakina, taga tana kallon tafki. Sirkka ta gama tata manhajar, har maƙwabtanta masu shanu suna amfani da ita. Mu uku ne kawai na ambata. A ranar bankwana da aka yi mata a laburare, wurin ya cika da mutanen da ban taɓa sanin sun bi ta wannan kanta ba, wasu sun tuƙo mota tun daga kudu. Aka sha kofi, aka yanka kek, shugaban gunduma ya yi dogon jawabi. Da aka ce ta yi magana, ta miƙe tana murza hannu, ta ce, "Na gode." Sai ta juya wurin matashiyar da za ta gaje ta, ta ce, "Tayar baya ta hagu tana son iska." Ta zauna.

Na ɗauka shi ke nan ta tafi kamun kifin da take so. Shekaranjiya sai ga wata mata ta ƙwanƙwasa mini ƙofa, Helvi sunanta, ma'aikaciyar jinya ce da ciwon baya ya raba ta da aiki. Ta ce, "Orvokki ce ta turo ni. Mun haɗu a kanti, na ce mata ina son koyon kwamfuta amma ina tsoro. Ta ce ita ta yi ritaya, in zo wurinka, wai yanzu layinka ne." Na buɗe mata ƙofa, na ɗora kofi, muka zauna.

Mun gode, Orvokki, uwar masu farawa. Ke ce kika tuƙa ilimi cikin dusar ƙanƙara har ƙofar waɗanda suka ɗauka lokacinsu ya wuce. Ba ki rubuta littafi ko ɗaya ba, amma kin san hannun da kowanne ya dace da shi, kuma gidaje da yawa a ƙauyukan nan suna da wuta a murhu saboda ke. Allah ya ba ki lafiya da tsawon rai, ya sa kifi ya yi ta cin ƙugiyarki.

Ku kuma masu karatu, kowannenku akwai abin da ya iya, kuma kusa da shi akwai wani da yake tsaye bai san ta inda zai shiga ba, kunya ta hana shi tambaya. Kada ku jibga masa duk abin da kuka sani. Ku tambaye shi abin da ya riga ya iya, ku miƙa masa abu ɗaya da zai fara da shi, sannan mako mai zuwa ku koma ku ji inda ya tsaya.