Bolar Baraniko

Duk tsibirin Tarawa ba wanda ya kai Baraniko son shara. Tun yana saurayi, da ruwa ya janye za ka gan shi a bakin teku da buhu, yana tsintar abin da teku ya amayo: gwangwanin kifi, warin silifa, tayar babur, murfin tukunya. Kowa a nan da bola yake ƙara faɗin gidansa, amma shi nasa ya zama sana'a. Sai ya jera duwatsu, ya danna shara a bayansu, ya bi da ɓawon kwakwa da yashi, ya hau ya tattake. Shekara arba'in yana wannan, har ya ƙwace taku goma sha biyu daga hannun teku.

A ƙasar nan da ya ƙera ya binne matarsa Rotia, dab da ƙofar ɗaki kamar yadda ake yi a tsibirin. Bolar nan kaɗai ce tsakaninta da ruwa. Kullum da safe yakan zauna a gefen kabarinta ya ba ta labarin wanda ya dawo daga kamun kifi hannu wofi.

Sai gwamnati ta farka ta gano ƙazantar bakin teku tana kashe kifi, tana korar baƙi. Wari kam akwai shi, ba a musu. Aka kafa kwamiti, aka buga riguna, aka ɗora shugabanci a kan Tebano, ɗan ƙanwar Baraniko, wanda ya yi wata shida a ƙasar waje ya dawo yana toshe hanci a gidan da ya yi rarrafe.

"Kawu, wannan ai abin kunya ne," in ji Tebano. "Jibi manyan baƙi za su zo."

"Baƙin naka su za su tare min ruwa?"

"Katangar siminti za a gina maka. Tana cikin kashi na biyu na shirin."

"To ka je ka gaya wa teku ya jira kashi na biyu. Ni ba ya jin maganata."

Tebano ya yi dariya ya dafa kafaɗarsa.

Ran Asabar 'yan kwamiti suka zo da safar hannu da tifa. Mutanen da ko tsinke ba su taɓa ɗagawa ba, ranar har da gumi, saboda akwai mai hoto. Baraniko ya yi zagi, ya yi roƙo, ya kwanta a kan tarin. Ƙarti biyu suka ɗauke shi cak suka ajiye a inuwa. Aikin shekara arba'in ya tafi a tifa shida. Aka ba shi takardar yabo ta gida mafi tsafta, da kyautar buhun shara sabo fil.

Bayan kwana tara, farin wata ya cika, babban ruwa ya taso da rana tsaka. Ba hadari, ba iska, salin-alin ya shigo kamar gidansa. Baraniko yana tsaye, ruwa iya gwiwa, yana kallon kabarin yana zaizayewa. Ya fashe da kuka kamar yaro, ya durƙusa yana lalube da hannu biyu, abin da ya kama ya sa a sabon buhun.

Da yamma Tebano ya iso da wando a naɗe, ya tarar da tsohon a kan dakalin katako, buhun a cinyarsa.

"Yauwa Kawu! Ka ga har ka fara amfani da shi. Kawo in jefa a mota."

Baraniko ya ƙara rungume buhun.

"Rotia ce. Gaishe ta tukuna, ita ta goya ka."