Nitai Mai Shan Duka

Nitai Pramanik ya tsufa yana shan duka a finafinan birnin Kolkata na Indiya. Kullum shi ne yaron mugu: ya fito da gashin baki da wuƙar roba, ya daka wa jarumi tsawa, jarumi ya ɗaga shi ya maka shi kan teburin mai ayaba. Da wannan sana'a ya aurar da 'ya'yansa mata, kuma a unguwar Tollygunge babu mai shayin da bai san shi ba.

Da ƙananan gidajen sinima suka fara rufewa, aiki ya ja baya. Ana nan sai wata matashiyar darakta, Ipshita Basak, ta tare shi a ƙofar situdiyo. Irin masu yin fim da ƙarfin kansu ce, ba waƙa ba rawa.

"Kawu, fuskarka nake so," in ji ta. "Uba za ka fito, mai gyaran laima, wanda ɗansa ya tafi ƙasar waje ya manta da shi."

"To wa zai doke ni?"

"Ba kowa."

"'Yata, kin tabbata fim ne?"

Ranar farko ta ɗaukar fim ɗin ya zare ido kamar yadda ya saba. Ta ce ya rage. Ya rage, ta ce ya ƙara ragewa. Da ya gaji sai ya zauna shiru yana tunanin ciwon gwiwarsa. Ipshita ta daka tsalle: "Yawwa, Kawu, haka nake so!"

Fim ɗin ya ci kyauta a Turai, amma a gida masu sinima suka ba shi lokacin hantsi kawai. Jaridu suka ɗau zafi, wasu na cewa ana kashe fasaha, wasu na cewa maganin barci ne aka haɗa. Abokan Nitai suka sa shi gaba: "Ga ɗan boko nan! Yanzu sai Turawa ke tafa maka ko?"

Shi dai hukuncin matarsa Jharna yake tsoro. Ta kalla har ƙarshe, ta share hawaye da bakin mayafi, ta ce, "Tun aurenmu, yau na fara ganin ka fita daga fim da ƙafafunka." Nitai ya washe baki don daɗi.

Yanzu ɓangarorin biyu, masu finafinan duka da masu irin na Ipshita, duk suna nemansa, ba ya ƙin kowa. Kwanan nan Ipshita ta ba shi matsayin kuku a sabon fim, don haka Jharna ke koya masa suyar kifi. Zuwa yanzu dai kyanwar maƙwabta ce ke ta ƙiba da kifin da yake ƙonawa.