Lambar raƙumin Baba

Tun ranar da mutumin nan ya yi sallama a gidanmu na Tawa da kamara a kafaɗa, raina bai kwanta da shi ba. Wai malamin tarihi ne daga Yamai, yana haɗa fim a kan makiyayan da aka yi ta kashewa ɗaya bayan ɗaya a rijiyoyin hanyar Affala, shekarun babban fari. A mulkin soja, wa ke yawon tambayar gawa in ba ɗan leƙen asiri ba?

Baba kuwa yana da abin ɓoyewa. Lokacin da yake fatauci ya tsinci uku daga cikinsu, kowanne an fasa masa ƙeya, an kora dabbobinsa. Ya yi musu sutura ya rufe, ya ce wa kowa ƙishirwa ce ta kashe su. A lokacin, wanda ya kai labarin gawa shi jandarmomi ke fara ɗaurewa.

Na ce, "Baba, don Allah ka sallame shi. Idonsa ma bai yi mini ba."

Ya ce, "Ɗiyata, na gaji da riƙon abin nan ni kaɗai."

Mutumin ya rantse ba mai gane Baba a fim ɗin. Ya sa Baba ya naɗa rawani har ido, ya ce wani ne zai maimaita maganar da tasa murya. Ina lakwal ina koyarwa aka ɗauki hoton a tsakar gida, raƙumin Baba na gurfane a bayansa.

Kai, mutumin birni! A ƙasarmu ta Adar, lambar da aka ƙona a wuyan raƙumi ta fi fuskar mai shi sanuwa. Da aka haska fim ɗin a filin samariya, dandalin matasan gari, tun kafin a fara magana makiyaya suka kama kiran sunan Baba. Na tare mai kamarar na wanke shi tas, yana ta "yi haƙuri, malama". Haƙurin me? Har yau ban tabbata kuskure ne ba.

Baba ya daina cin abinci. Ko motar itace ta tsaya a ƙofa sai in leƙa in ga ko jandarmomi ne.

Jandarma bai zo ba. Wata tsohuwar Buzuwa ce ta zo daga wajen Tebaram, ƙafafunta duk faso. Na tare ƙofa ina tambayarta wa ya aiko ta. Ta ture hannuna ta wuce, ta durƙusa gaban Baba.

Ta ce da gurguwar Hausa, "An ce a fim ka faɗa ka rufe yaro mai yatsa shida a hannun hagu. Ɗana ne. Ka fuskantar da shi gabas?"

Baba ya ce, "Na fuskantar da shi, baiwar Allah. Na kuma yi masa salla."

Ta ce, "To, tashi ka kai ni."