Marayun Kazar Iya

Ranar wata Juma'a ce a farkon damina, shekarar da na shiga aji uku na firamare. Maza duk sun tafi cin kasuwar Wudil, gidanmu na Lajawa daga mata sai yara, sai muka ji ihun kaza a bayan rumbu. Kafin mu isa, wani baƙon kare ya yi gaba da kazar Iya, kakata, ya bar 'yan tsaki bakwai 'yan kwana huɗu suna kuka cikin ciyawa. Iya ta dube ni ta ce, "Hadiza, yau kin zama uwa."

Ɗoki ya sa na bi su da gudu ina wawura. Na damƙi ɗaya na matse a ƙirji don kada ya kuɓuce, ina buɗe hannu na ga wuyansa ya langaɓe. Ranar ko tuwo ban iya ci ba. Iya ba ta yi mini faɗa ba. Washegari ta zaunar da ni a ƙasa kusa da kwandon da ta kife su da shi, ta ɗage shi, ta zuba mini tsakin gero a tafin hannu. "Hannun da ya zo musu ta sama, shaho ne a wurinsu," in ji ta. "Shimfiɗa shi a ƙasa, ki yi shiru." Na zauna har ƙafata ta yi tsami, ba wanda ya matso. Sai a rana ta uku wani ɗan baƙi ya tako, ya tsaya, ya karkata kai, ya tsinci ƙwaya ɗaya. Na ji ɗan bakinsa a fatata, na danne dariya da ƙyar.

Daga nan na koyi ɗaukarsu ta ƙasa, hannu biyu, ba matsi. Kafin in tafi makaranta nakan ɗebo musu gara a tsohuwar tukunyar da muke binnewa da kara a gindin darbejiya, in zuba ruwa a kasko in jera tsakuwa a ciki don kada su nitse. In hadari ya haɗo, ko muna tsakiyar 'yar gala-gala nake baro ƙawayena in kwashe su zuwa ɗakin Iya. Kafin kaka, duk inda na tsuguna sai su shida su haye cinyata, har yayyena suka laƙaba mini Uwar Kaji.

Yanzu a cikin Wudil nake, 'yan tsaki kuma a kwali ake kawo mini su, ɗari-ɗari, ƙwan fitila ke ɗumama su, ban san fuskar ko ɗaya ba. Iya ta daɗe da rasuwa, Allah Ya jiƙanta. Amma kwanan baya na leƙa ɗakin kajin na tarar da 'yata Amira ta ware guda biyu ta raɗa musu suna, tana ba su labarin makarantarsu a hankali. Na koma da baya ban kira ta ba. Ashe akwai abin da ba ya ɓacewa a gida.